Wa Ya Yi Waƙar Wildwood Flower, Kuma Me Ya Hana Ta Mutuwa?

Wani ɗan'uwa mai koyon kaɗa jita ya aiko da tambaya. Ya ce duk darasin da ya buɗe na kiɗan ƙauyen Amurka, wanda ake kira kantiri, sai ya tarar da wata tsohuwar waƙa mai suna Wildwood Flower aka fara. Yana so ya san wanda ya yi ta, abin da take cewa, dalilin da ya sa ake girmama ta haka, da kuma yadda ake kaɗa ta.

To, ɗan'uwa, idan takardun haƙƙin mallaka ka duba, sunan A.P. Carter za ka gani, shugaban rukunin mawaƙan nan da ake kira Iyalan Carter. Amma an haifi A.P. a 1891, waƙar kuwa an buga ta a takarda tun 1860. Ta girme shi da shekara 31 ke nan. Sunanta na yanka I'll Twine 'Mid the Ringlets. Wanda ya tsara karinta shi ne Joseph Philbrick Webster, mutumin jihar New Hampshire da ya zauna a garin Elkhorn na jihar Wisconsin, sunan da aka buga a matsayin mai baitoci kuma Maud Irving. Webster ba ƙaramin mawaƙi ba ne a zamaninsa. Shi ya yi karin Lorena, wadda sojojin Arewa da na Kudu duka suka riƙa rerawa lokacin yaƙin basasar Amurka.

Wannan kaɗai ya isa ya rushe abin da mutane da yawa suke zato, wai waƙar tsaunuka ce da ba a san mai ita ba. Waƙar birni ce, waƙar falo, kuma don ciniki aka yi ta. A wancan lokaci babu faifai babu rediyo. Mai son sabuwar waƙa kanti yake zuwa ya sayi takarda mai ɗauke da baitoci da alamomin kari, ya kai gida, 'yar gidan ta zauna gaban fiyano ta kaɗa, iyali su saurara.

Abin da waƙar ke cewa mai sauƙi ne. Budurwa ce saurayi ya yaudara. Ya koya mata son sa, ya kira ta furensa, sannan ya tafi babu sallama. Ita kuwa ta ce ba za ta zauna kuka ba. Za ta kitsa furanni cikin baƙin gashinta, ta je wurin rawa, ta yi dariya, ta saye zuciyar duk wanda ke wurin, don kada kowa ya gane abin da ke cin ta. A baitocin asali har alwashi ta ci: za ta rayu ta ga ranar da zai yi da-na-sanin wulaƙanta wannan furen daji mai rauni. Daga nan sunan da aka san waƙar da shi yau ya fito, wato furen daji.

Daga 1860 zuwa 1928 shekara 68 ce. A cikinsu waƙar ta bar takarda ta shiga baki, ta hau tsaunukan Appalachia na gabashin Amurka, inda akasarin gidaje babu fiyano kuma ba kowa ke karanta alamomin kari ba. Maybelle Carter, mai kaɗa jitar Iyalan Carter, ta faɗa cewa tana ƙarama ta ji ta a bakin mahaifiyarta, ita ma mahaifiyar a bakin tata uwar ta ji. Abin da baki ya yi wa waƙar a wannan tafiya shi ne ya fi komai ban sha'awa a tarihinta.

Ɗauki ɗango na farko. Kalmar ringlets tana nufin silin gashi mai nannaɗe. A bakin Iyalan Carter ta koma mingles, wadda ba ta da ma'ana a wurin. Raven black, wato baƙi wuluk kamar hankaka, ya koma waving black. A ɗango na huɗu marubucin ya ambaci wani fure da ya kira pale aronatus, sunan da ba ya cikin furannin da mutanen ƙauye suka sani, sai ya koma the pale and the leader. Wannan jimla har yau Baturen da ka tambaya ba zai iya fassara maka ita ba. A wani baitin budurwar ta ce za ta juya taron jama'a, crowd, sai baki ya mai da shi crown, wato kambin sarauta. Dalili ɗaya ne ke bayan duk waɗannan. Mai koyon waƙa da kunne, in ya ci karo da kalmar da bai sani ba, ba ya tsallake ta, don kari ba ya yarda a bar masa gurbi. Sai ya cusa wata kalma mai kama da ita a sauti, mai yawan gaɓoɓi iri ɗaya. Duk wanda ya taɓa jin yara suna rera waƙar Indiya a tsakar gida ya san wannan: kari daidai, tsawon kowace gaɓa daidai, kalmomin kuwa ko Ba'indiye ba zai gane su ba.

Sai dai akwai sauyi guda da ya wuce kuskuren kunne. A asali cewa ta yi za ta rayu ta ga ya yi nadama. A bakin Sara Carter, mai rera waƙar a rukunin, cewa take tana ɗokin ganin sa, kuma ita ce ke nadama. Live ya zama long, aka ƙara ɗan harafin haɗi guda, sai alwashi ya koma bege. Baiti biyar na asali kuma suka koma huɗu, aka haɗe biyu wuri ɗaya, wani ɓangare na taurin kan budurwar ya zube a hanya. A ganina rubutun 1860 ya fi tsari kuma ya fi ma'ana, babu gardama. Amma wanda ya lalace ɗin ya fi taɓa zuciya, domin mai maganar ta daina yi wa kowa burga, ta koma mace mai ciwo tana faɗin abin da ita kanta ba ta gama fahimta ba.

Yanzu ga yadda ta hau faifai. A.P. Carter mutumin Maces Spring ne, a wani kwari da ake kira Poor Valley cikin jihar Virginia. Ya auri Sara Dougherty a 1915. Ƙaninsa Ezra kuma ya auri Maybelle Addington a 1926, wadda 'yar'uwar Sara ce ta jini. Gida ɗaya ne ke nan ta kowane ɓangare. A ƙarshen Yulin 1927 wani wakilin kamfanin faya-fayai na Victor mai suna Ralph Peer ya kafa na'urar ɗaukar murya a benen wani kamfanin huluna a garin Bristol, wanda iyakar Virginia da Tennessee ta ratsa tsakiyar babban titinsa. Iyalan Carter suka zo a motar Ezra, Maybelle tana da tsohon ciki, Sara tana goyo. Ranar 1 da 2 ga Agusta suka ɗauki waƙa shida, aka biya su dala 50 kan kowace ɗaya. Kwana biyu bayan su shahararren mawaƙin kantiri Jimmie Rodgers ya shiga ɗakin. Shi ya sa ake ɗaukar wannan zama na Bristol a matsayin mafarin kantiri na kasuwa.

Wildwood Flower ba ta cikin shidan nan. Da faya-fayen farko suka karɓu, sai Peer ya kira su zuwa hedikwatar Victor a Camden ta jihar New Jersey, aka ɗauke ta ranar 10 ga Mayu, 1928, ranar da Maybelle ta cika shekara 19. Sara ce kaɗai ta rera, Maybelle ta riƙe jita.

Yana da kyau ka san yadda ake ɗaukar murya a lokacin, don shi ya sassaƙa waƙar ta zama yadda kake jin ta. Babu tef, babu gyara. Makirufo ɗaya ne, yana tura sauti zuwa allura, allurar tana yanka siririn layi a kan wani faifan kaki mai kauri da ke juyawa sau 78 a minti. In aka yi kuskure a ɗango na ƙarshe, wancan kakin ya tashi aiki, a ɗauko sabo a sake daga farko. In ya yi kyau, sai a lulluɓe shi da ƙarfe ta hanyar lantarki a fitar da faifan ƙarfe, da shi za a riƙa danna faya-fayen sayarwa. Faifai mai faɗin inci 10 kuwa minti uku da 'yan daƙiƙu kawai fuskarsa ɗaya ke ɗauka. Don haka dole baitoci da kiɗan tsakani su shiga cikin minti uku, ko a rage baiti, ko a ƙara sauri. Wani abin kuma, sai a 1925 manyan kamfanoni suka koma amfani da makirufo. Kafin nan cikin wani ƙaton mazurari ake rerawa, wanda ƙarfin sauti kaɗai ke motsa allurarsa. Banjo, wani kayan kiɗa mai tsirkiya, yana fita sosai a cikinsa, jita kuwa sai ta nitse, musamman kaurarar tsirkiyunta. Da a ce shekara biyar kafin nan aka ɗauki Maybelle, abin da ya sa ake maganarta yau da ƙyar za a ji shi.

Batun sunan A.P. kuma kuɗi ne. Dokar Amurka ta 1909 ta ce duk faifan da aka buga, a biya mai haƙƙin waƙar santi biyu. Peer ya fahimci cewa arzikin yana nan, ba a albashi ba, sai ya yi yarjejeniya da Victor cewa haƙƙin waƙoƙin da ya ɗauka nasa ne, ya kafa kamfanin Southern Music a 1928. Saboda haka ba ya son waƙar da wani kamfani ya riga ya mallaka. Yana son sabuwa, ko tsohuwar da ba ta da mai ita, wadda za a ɗan taɓa a yi mata rajista. Waƙar da aka buga a 1860, a dokar zamaninta shekara 28 take da su, in an sabunta a ƙara 14. Ko an sabunta, zuwa 1902 ta zama ta kowa. A.P. bai karya doka ba ke nan da ya sa sunansa a kan fasalin da iyalinsa ke rerawa. Amma sunayen Webster da Irving sun ɓace daga kan waƙar tsawon shekaru, kuma wannan rashin adalci ne ko da doka ta halatta shi. A ɗaya hannun, wannan matsin lamba na Peer shi ya sa A.P. ya riƙa bin ƙauyuka gida-gida yana farautar tsofaffin waƙoƙi. A tafiye-tafiye da yawa yana tare da Lesley Riddle, wani baƙar fata makaɗin jita mazaunin Kingsport, mai ƙafa ɗaya. A.P. ya rubuta kalmomi, Riddle ya haddace kari, in sun dawo ya koya wa Sara da Maybelle. Waƙoƙin da rukunin ya ɗauka sun kai kusan 300, da dama cikinsu da sun bi tsofaffin da suka san su kabari. Sunan Riddle kuwa bai hau kan faya-fayen ba.

Duk wannan tarihi ne. Abin da ya hana waƙar mutuwa babban yatsan Maybelle ne. Kafin ita, a yawancin rukunonin ƙauye jita 'yar rakiya ce: goge ke ɗauke da kari, mai jita yana bayansa yana riƙe masa taki. Maybelle ta sa jita guda ta yi aikin biyu a lokaci ɗaya. Babban yatsa yana fitar da kari a kan kaurarar tsirkiyu, manuni yana share sirara don riƙe taki. Ba ita kaɗai ce ta taɓa yin haka a duniya ba, amma faifanta ne ya kai salon kowane gida, har ake kiran sa da sunan iyalin. Tun tana yarinya banjo ta fara kaɗawa, kuma hannun banjo ne ta juya. A tsohon salon banjo, bayan farcen manuni ne ke bugun kari yana sharewa ƙasa, babban yatsa yana taɓa gajeriyar tsirkiya. Ita sai ta miƙa wa babban yatsa karin, ta bar wa manuni shara. Shi banjo ɗin ma asalinsa na Afirka ta Yamma ne. Bayin da aka kai tsibiran Karebiyan da Amurka su suka ƙera shi da ƙwarya da fata da sanda, bisa tsarin kayan kiɗan da suka baro gida, irin akontin na ƙabilar Jola a Senegal da Gambiya. Gurmin Bahaushe ma ɗan wannan dangi ne.

Ga yadda za ka kaɗa. Jita mai tsirkiyar ƙarfe kake so, don ta roba ba ta ba da wannan amo mai kauri. Ɗaure ta ɗaurin da aka saba, E A D G B E, daga tsirkiya ta shida mafi kauri zuwa ta ɗaya mafi siranta. Kamu uku kawai waƙar ke bukata, wato yadda yatsun hagu ke danne tsirkiyu a kan gaɓoɓin wuyan jita: C da G7 da F. A kamun C, yatsan zobe yana gaɓa ta uku a tsirkiya ta biyar, na tsakiya yana gaɓa ta biyu a ta huɗu, manuni yana gaɓa ta ɗaya a ta biyu. Sa wa babban yatsan dama farcen roba irin mai zobe. Kafin ka taɓa karin, yi kwana biyu ko uku kana abu ɗaya: babban yatsa ya bugi ta biyar, bayan farcen manuni ya share sirara uku na ƙasa, babban yatsa ya bugi ta huɗu, manuni ya sake sharewa. Dum, cas, dum, cas, kana ƙirga ɗaya, biyu, uku, huɗu. In ya zauna, ƙara ɗan ɗagowa da manuni bayan kowace shara, ya taɓa tsirkiya ɗaya ko biyu a hanyar dawowa: dum, cas-ka.

Ɗango na farko a kan ƙirga ta uku yake shigowa, ba ta ɗaya ba. Uku: tsirkiya ta huɗu gaɓa ta biyu, wadda ka riga ka danne. Huɗu: ita dai, gaɓa ta uku, da ƙaramin yatsa. Ɗaya: ta uku a sake. Biyu: shara. Uku: ta uku gaɓa ta biyu, yatsan tsakiya ne zai taso ya danne ta. Huɗu: ta biyu gaɓa ta ɗaya, wadda ita ma tana danne. Yatsan tsakiya ya koma mazauninsa, ka bugi ta huɗu gaɓa ta biyu, shara, gaɓa ta uku, gaɓa ta biyu. Sai ka koma G7: ta huɗu a sake, shara, gaɓa ta biyu, a sake. Ka sauka a kan ta biyar gaɓa ta uku, ka dawo C ke nan. Ɗango na biyu maimaicin na farko ne. Na uku shi ne ke hawa sama har tsirkiya ta ɗaya a sake, ya gangaro ta kan ta biyu, ya ratsa F na ɗan lokaci. Na huɗu ya dawo ƙasa ya rufe.

Ka lura da abu biyu a nan, su ne sirrin duka. Na farko, kusan rabin sautukan karin suna ƙarƙashin yatsun da kamun C ya riga ya ajiye, sauran kuma yatsa ɗaya ne ke motsawa ya dawo. Na biyu, duk inda kari ya ja numfashi, shara ce ke cike gurbin, inda kari ke tafiya kuma shara ta yi shiru. Shi ya sa malamai ke farawa da ita. Ba don tsufanta ba ne, don tana koya wa hannu dokar salon gaba ɗaya cikin ɗango ɗaya.

Inda masu koyo ke faɗuwa sananne ne. Mafi yawa shi ne ɗage kamu duka don neman sauti ɗaya. Da ka yi haka, sharar da ke biye za ta faɗa kan tsirkiyun da ba a danne ba, amon ya yi tsami. Yatsan zobe da manuni su zauna daram, na tsakiya da ƙarami su yi ta kai-komo. Na biyu, share tsirkiyu shida duka. Kaurarar za su yi ruri su binne karin, mai sauraro ya ji hayaniya kawai. Uku na ƙasa sun isa, kuma sharar ta zama rabin ƙarfin bugun babban yatsa. Na uku, gudu a wurin shara da jan ƙafa a wurin kari, saboda shara ta fi sauƙi. Maganinsa manhajar ƙirga taki a waya: sa ta a bugu 60 a minti, kada ka ƙara sai ka kaɗa baiti uku a jere babu tuntuɓe, sannan ka ƙara biyar-biyar. Na huɗu ya fi ɓoyuwa. A ƙarshen ɗango ana riƙe sautin ƙarshe fiye da yadda kunnen da ya saba da waƙoƙin zamani ke tsammani, don mai rerawa ya sami numfashi. Mai koyo yakan gutsure wannan jira ya afka ɗango na gaba, shi ya sa in ya bi faifai sai ya riga shi isa. Saurari tsohon faifan kana taɓa ƙafa, ka ƙirga bugun da ke tsakanin ɗango da ɗango, ka riƙe adadin.

In hannu ya faɗa, sai ado. Wanda ya fi fitowa a salon shi ne ka bugi ta huɗu a sake, nan take yatsan tsakiya ya faɗo kan gaɓa ta biyu da ƙarfi, sauti biyu su fita da bugu ɗaya. Ya sauka dab da ƙarfen gaɓar, ba a tsakiyar fili ba, in ba haka ba sautin na biyu zai mutu. Farcen roba in yana juyawa a yatsa, tsoma zobensa cikin ruwan zafi na 'yan daƙiƙu, ka matse shi daidai yatsanka, ka sa a ruwan sanyi. In C ya yi wa muryarka ƙasa, kada ka sauya kamu, ɗaura ɗan maƙallin nan da ake kira kafo: a gaɓa ta biyu ka koma D, a ta biyar F, a ta bakwai G, yatsunka kuma ba su sauya komai ba. Ita Maybelle a farkon zamaninta sassauta tsirkiyu take yi su sauka su dace da muryar Sara mai kauri, daga baya ta koma amfani da kafo. Shi ya sa in ka ɗaure jitarka ɗaurin yau ka bi faifan 1928, za ka ji ba ku haɗu ba. Ba hannunka ne ya yi laifi ba. Ga mai zaune a ƙasar Hausa kuma akwai batun hunturu. Katakon jita yana son danshin iska kamar kashi 45 zuwa 55 cikin ɗari, hunturu kuwa yakan sauko da shi ƙasa da haka sosai. Fuskar jita ta lotsa, tsirkiyu su fara karkarwa a kan gaɓoɓi, wani lokaci katakon ya tsage. Ajiye ta cikin akwatinta tare da soso mai ɗan danshi a cikin robar sabulu da aka huhhuda.

Yadda salon ya bazu, rediyo ne ya yi rabin aikin. Daga 1938 Iyalan Carter suka koma Del Rio ta jihar Texas suna waƙa a tashar XERA, wadda ke tsallaken kogi a cikin Meziko. Dokar Amurka ta tsayar da yawancin manyan tashoshi a wat 50,000, ita kuwa XERA tana watsawa da wat 500,000, da dare ana kama ta har Kanada. Cikin yaran da ke manne da akwatin rediyo akwai Johnny Cash a ƙauyen Dyess na jihar Arkansas, wanda ya zama babban mawaƙi, kuma a 1968 ya auri June, 'yar Maybelle. A lokacin da suke XERA auren A.P. da Sara ya riga ya mutu tun 1936, amma suna tsayawa gaban makirufo ɗaya saboda aiki. Rukunin ya watse a 1943. Sara ta koma California da sabon mijinta, A.P. ya koma kwarinsu ya buɗe ɗan kanti, Maybelle ta ci gaba da 'ya'yanta uku, Helen da June da Anita, har suka shiga dandalin Grand Ole Opry na Nashville a 1950 tare da wani matashin makaɗi, Chet Atkins.

Karin ma ya yi tafiyarsa shi kaɗai. Ranar 31 ga Oktoba, 1941 jirgin ƙarƙashin ruwa na Jamus ya nutsar da jirgin yaƙin Amurka Reuben James a tekun Atlantika, sai mawaƙi Woody Guthrie ya ɗauki karin ya ɗora masa sababbin baitoci na makokin matuƙan, ya ƙara amshi. Hank Thompson da Merle Travis sun fitar da ita kiɗa zalla a 1955 ta yi kasuwa. Joan Baez ta sa ta a kundinta na farko a 1960, ta kai ta kunnen ɗaliban jami'a da ba ruwansu da kantiri. A wani kundi da ya fito a 1972, Maybelle da kanta, tana da shekara sittin da 'yan kai, ta sake rera ta tare da matasan Nitty Gritty Dirt Band. Kundin June na ƙarshe, wanda ya fito a 2003 bayan rasuwarta, sunan waƙar aka sa masa. Ɗakin karatun Majalisar Amurka kuma ya sa faifan 1928 a jerin 2006 na muryoyin da ƙasa za ta adana. Jitar Maybelle, Gibson L-5 da aka saya dala 275 a 1928, tana gidan tarihin kantiri a Nashville.

Abin da nake ganin ana tauyewa shi ne Sara. Kowa yatsan Maybelle yake yabo, kuma ya cancanta, amma koma ka saurari muryar. Waƙar yaudara ce, ita kuwa ba ta karkarwa, ba ta shessheƙa, ba ta jan wata kalma don ta ba ka tausayi. Tana ajiye kowace gaɓa a kan taki kamar mai jera tubali, har kalmomin nan marasa ma'ana tana furta su da cikakken yaƙini. Mawaƙan baya da yawa sun zuba wa waƙar kuka, sai ta yi laushi ta rasa ƙashin bayanta. In za ka rera, bi Sara: kada ka ƙara wa baitocin baƙin ciki, akwai isasshe a cikinsu.

Kalmomin da za ka rera kuma zaɓinka ne, duka biyun suna hawa karin Carter. In kana so mai jin Turanci ya fahimci labarin, ɗauki na 1860. In tare da wasu makaɗa za ka zauna, haddace na Carter, don shi kowa ya sani, kuma da zarar ka ce aronatus za a ɗago kai a dube ka. Wajen sauraro, fara da faifan 1928, sannan wanda suka sake ɗauka a 1935, ka kwatanta saurinsu. Bayan nan nemi bidiyoyin Maybelle na talabijin a shekarun 1960, ka rage gudun bidiyon zuwa rabi, ka zuba wa hannun damanta ido. Gwiwar hannun kusan ba ta motsi, daga wuyan hannu zuwa yatsu ne ke aikin.